Tayi Na Uku

Daga Allah muka zo, gare shi za mu koma, kowa da ranarsa. Ranar Babana ta zo wata Talata da hantsi, a ɗan ɗakinsa na hawa na shida a unguwar Barbès ta birnin Paris. Matar da ke kula da gidan ce ta hau don kai masa burodi, ta same shi zaune a kujerarsa, sanye da kwat da nektai, an taje furfura tsaf, kamar mai jiran baƙi. Ni ina Lyon, a kantin maganin da nake aiki, ina yi wa wata tsohuwa bayanin ƙwayoyinta, wayar ta shigo.

An yi zaman makoki a Saint-Denis, gefen Paris, gidan Kawu ƙanen mahaifiyata, domin ɗakin Baba ba zai ɗauki mutum biyar ba, kuma benen nasa ba shi da lif. Na zaci tsofaffin abokan aikinsa ne kawai za su zo, masu fassara irinsa da suka yi ritaya daga wata hukumar ƙasashen duniya. Sai ga falo ya cika har baranda da mutanen da ban taɓa gani ba. Wani direban tasi ya durƙusa gabana yana kuka da majina. Wata Hajiya daga Clichy-sous-Bois ta riƙe hannuna ta ƙi saki. Wani likita mutumin Tawa, wanda ya zo ƙasar nan yana ɗalibi, ya tsaya a bakin ƙofa ya kasa shigowa. Dukansu magana ɗaya ce a bakinsu: "Ya raka ni."

Sai da Hajiyar ta yi mini bayani na gane. Duk wanda ke da matsalar takardun zama ko neman gida, yana tsoron shiga ofis a wulaƙanta shi, sai ya je wajen Baba. Baba zai sa kwat ɗinsa mai ruwan toka, ya ɗauki laima, ya bi shi. Ta ce, "Wallahi, ɗiyata, ba ya cewa komi. Tsayuwa kawai shika yi bayanka. Madam ɗin ofis ta ɗaga kai ta gan shi, sai ki ji muryarta ta sauka."

Wani tsohon abokin aikinsa ya girgiza kai ya ce, "Jentulman na ƙarshe ya tafi." Kowa ya amsa. Ni kuwa ina riƙe da kofin shayi, saura kaɗan in jefe bango da shi. Ba su san abin da suke yabo shi ne ya kulle mini uba a saman bene shekara biyu ba. Ba su kuma san ni ce na riƙe mabuɗin na ƙi buɗewa ba.

Kafin azahar gardama ta tashi kan inda za a rufe shi. Dangin Katsina sun kira waya sun ce a sa shi a jirgi. Mutanen Paris sun ce nan ya rayu, nan jama'arsa take. Inna, mahaifiyata, ba ta nan balle a ce a kai shi kusa da ita, don ganin gida ta je Maraɗi ajali ya same ta can. Shi kuwa bai bar wasiyya ba, kuma ban yi mamaki ba: a wajen Baba, faɗin abin da kake so roƙo ne. Kawu ya juyo gare ni ya ce, "Bon, ke ce ɗiya, ba ki da wa ba ki da ƙane. Mi kika ce?" Na ce a ba ni zuwa gobe.

Bari in faɗi wane ne shi tukuna, don kada a manta, don kuma a san yadda muka kai nan.

Ɗan marini ne daga Katsina. Ya shiga makarantar kwana a ƙarshen zamanin Turawa, ya faɗa hannun wani malamin Ingilishi, dogon Bature marar fara'a, wanda ya riƙa ba shi aron littattafai. Baba ya ce bai taɓa jin mutumin nan ya ɗaga murya ba, ko ranar da aka aiko masa da labarin mutuwar matarsa: ya ninke takardar ya sa a aljihu, ya ƙarasa darasi. Wani yaron da ya ga haka zai ce wannan ba shi da zuciya. Babana kuwa ya ce abin da yake so ya zama ke nan.

In ka zauna shan shayi da shi, da la'asar sakaliya, sai ka ji tarihin abin tun daga tushe, ko kana so ko ba ka so. Ya ce da farko jentulman a Ingila mai gona ne wanda ba ya noma, ɗan gado mai cin haya. Da 'yan kasuwa suka yi arziki suka ce su ma suna so, sai aka ce to, ba jini ba ne, hali ne. Aka riƙa ƙera su a makarantun kwana, da wankan ruwan sanyi da hana kuka, sannan aka turo su su mulki irinmu. Marubutansu kuma suka kwashe zamani suna gardama cikin labarai, ko ɗan mai kanti zai iya zama jentulman ko ba zai iya ba. A nan Baba kan ajiye kofi ya ce, "In ɗan mai kanti zai iya, ɗan marini ma zai iya."

Kawu, da yake akwai wasa tsakanin ƙanen mata da mijin yaya, ba ya raga masa. "Kai, Baturen Katsina, ka ishe mu! Abin ga da kake ta jawo shi daga Ingila, mu muna da shi tun ba su san wanka ba. Dattijo muka ce mishi." Baba ya yi murmushi ya ce, "Shi ya sa rigar ta zauna mini daidai." Gaskiyarsa ce, kuma nan matsalar take. Kara da kawaicin Bahaushe ƙofa ce mai kwaɗo ɗaya, Baba ya je ya ƙaro na Bature ya ɗaura a kai.

Dokokinsa ba su da yawa, amma ba a taka su. Ba a ƙarya. Ba a kuka da hali. Ba a zuwa gidan mutum ba sanarwa. Ba a roƙo. Ciki, in ji shi, ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Ina yarinya na sha tsayawa da shi a tashar metro, jirgin ƙasan cikin gari, layi na sha uku da safe, inda mutane ke cusa kai kamar buhunan gero. Baba zai tsaya gefen ƙofa yana ba mata hanya, yana ba tsofaffi, yana ba wanda ma bai nema ba, har ƙofa ta rufe jirgi ya tafi ya bar mu. Wata rana jirgi uku muka rasa a jere. Inna ta ce masa, "Malam, in haka za ka yi ranar ƙiyama, sai an rufe Aljanna kana waje." Ya ce, "Ai ba a rufe ta da mutum a bakin ƙofa."

Sai dokar tayi, wadda ita ce labarina. A gidanmu sau uku ake yi wa baƙo tayi. Baba ya koya mini tun ina kai biskit gaban baƙi da hannu biyu: na farko ladabin mai gida ne, baƙon kirki zai ce a'a. Na biyu gwaji ne, zai sake cewa a'a don kada ya zama kaya. Na uku shi ne gaskiya, shi ake karɓa. Ya ce a nan Katsina da Ingila suka yi musafaha. Shi kansa bai taɓa karɓar komai ba sai a na uku, ko da ruwa ne da azumi ya kai magariba.

Wannan duka ya yi tafiya lafiya muddin Inna na raye. Shi yana fassara wa manyan duniya maganarsu, ita tana fassara mana shirunsa. Ta san gyaran muryar da ke nufin kai na ciwo, ta san wadda ke nufin miya ta yi gishiri. In ya ce a'a sau biyu, ba ta ma jiran na uku, sai ta ajiye abin a gabansa ta yi tafiyarta. Ni kuwa 'yar fari ce, kuma Baba ya riƙe kunyar ɗan fari kamar yana tsakiyar Katsina. Bai taɓa kiran sunana ba. Ina ƙarama "yarinya" ce, da na gama jami'a na zama "Malama". Ƙawayena Faransawa iyayensu maza na rungume su a ƙofar makaranta, nawa yana ɗaga mini hula daga tsallaken titi. Ina sonsa, ina alfahari da shi, kuma abin yana ci mini rai, duka a lokaci ɗaya.

Bayan rasuwar Inna ya ce gidanmu na Saint-Denis ya yi masa yawa. Ya mayar da mabuɗi, ya koma ɗan ɗakin ƙarƙashin rufi da ya saya tun yana saurayi, shi da littattafansa da tukunyar shayi. Ranar da muka gama jera kaya na ce, "Baba, ka zo Lyon ka zauna da mu." Ya ce, "Allah ya yi miki albarka, Malama. Ba na son in takura muku." Wannan ɗaya ke nan. Ban damu ba, don a lokacin yana sauka yana hawa kamar saurayi, yana raka mutane ofis.

Sai gwiwoyi suka fara. Bai faɗa ba, mana. Duk Lahadi bayan la'asar nakan kira shi. In na ce, "Baba, kana fita kuwa?" sai ya ce, "Paris tana nan inda kika bar ta." Ka ji mutumin da ba ya ƙarya, amma ya iya zagaye gaskiya kamar mai ɗawafi.

Wani hunturu na zo Paris na hau wajensa. A hawa na biyu matar da ke kula da gidan ta tare ni, ta ce ita ba mai shiga sha'anin mutane ba ce, amma Monsieur bai sauko ba tun lokacin faɗuwar ganye, kafin sanyi ya shigo. Ita ke kai masa burodi da madara, Kawu ke kawo sauran cefane ranar Juma'a in an taso masallaci. Na ƙarasa hawa ina haki. Na same shi cikin kwat da nektai, takalmi na ƙyalli. Da ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya na ga ƙasan takalmin fes, kamar yau aka fito da shi daga kwali. Mako guda ana ruwa a Paris, laimarsa kuwa na rataye a bayan ƙofa da ƙura a kanta. Taga ɗaya ce a ɗakin, a jikin rufi, ba a ganin komai ta cikinta sai sama da tantabaru. Mutumin da bai taɓa fashin sallar Juma'a ba yana jin ƙarar metro na wucewa a kan gada, ba ya iya kai kansa bakin titi.

Na ce, "Baba, gidanmu akwai lif. Akwai ɗaki. Masallaci na bayanmu. Ka zo Lyon."

Ya zuba mini shayi a hankali ya ce, "Kin kyauta ƙwarai. Amma ina nan lafiya." Sannan ya ajiye tukunyar, ya ɗago ya dube ni.

Na san wannan kallon. Ba zan ce ban gane ba, don in na faɗi haka na yi wa mamaci ƙarya. Ƙidaya yake yi, biyu sun wuce, yana jiran na uku. Kalma huɗu ce kawai ta rage a bakina. Sai wani abu da ya shekara arba'in yana taruwa a ƙirjina ya taso.

Na ce, "Baba, ni ba Inna ba ce. Ba zan yi wannan wasan ƙidayar ba. In kana so ka zo, ka buɗe baki ka ce kana so. Sau ɗaya a duniya ka ce mini kana son wani abu a wajena."

Ya ce, "Malama…"

Na ce, "Ina da suna! Kuma bari in gaya maka abin da malaminka bai gaya maka ba. Na karanta littattafan nan naka kaf. Jentulman ɗin ciki ba ya roƙo saboda yana da masu hidima. Kafin ya ji sanyi wani ya hau da gawayi, kafin ya ji yunwa wata ta kaɗa ƙararrawa. Shirunsa akwai masu ɗaukar nauyinsa, sai dai marubucin bai damu ya faɗi sunansu ba. Kai wa kake da shi? Inna ce, ta tafi. Sun sayar maka da rigar, ba su haɗa maka da gidan ba."

Ban taɓa yi masa magana haka ba, ban kuma taɓa ganin fuskarsa ta yi abin da ta yi ba. Na ɗauka zai faɗa, wallahi na ga maganar ta zo har leɓensa. Sai ya gyara zaman kofin a kan faranti ya ce, "Shayinki zai huce."

Na ɗauki jakata na fita. A kan matakala na yi rantsuwa ba zan sake yi masa tayi ba sai ya nema da bakinsa. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe: taurin kan da nake zarginsa da shi, a wajensa na gada.

Haka muka zauna shekara ɗaya da watanni. Ban daina kiran Lahadi ba, ban daina zuwa ba. Mukan yi hirar sanyi da zafi, da tsadar tumatir a kasuwar Barbès wadda ya daina gani da idonsa. A ƙarshen kowace waya akwai wani ɗan shiru da yakan bari, kamar mai riƙe wa mutum ƙofa. Ina jin shirun, ina cije leɓe, sai in ce, "To, sai Lahadi." Ya ce, "Allah ya kai mu." In na ajiye wayar sai in shiga banɗaki in yi kuka. Maigidana ya gaji ya ce, "Ke, tsohon nan ba zai canza ba yana da shekara tamanin. Faɗa masa mana, me zai ragu a jikinki?" Na ce shi ma me zai ragu a jikinsa?

Abin dariya, ko abin kuka, shi ne na gyara masa ɗakin nan na gidanmu a Lyon. Na sa aka kafa katakon littattafai a bango. Na sayi butar shayi ta lantarki da darduma da kujera mai hannu, na ajiye ta gaban taga inda ake hango kogi. Na hana kowa kwana a ciki. Na ce a raina in babbar Salla ta zo zan sauke girman kai in faɗa. Saura mako biyar ya rasu.

Washegarin zaman makoki, da safe, ni da Kawu muka hau ɗakin Baba. Sau uku Kawu yana tsayawa hutu. Komai na nan a muhallinsa, kofi biyu a kan tebur kamar kullum, don ko shi kaɗai ne sai ya ajiye na baƙo. Da na tura ƙofar za ta rufe, sai na ga akwati a bayanta, ƙarƙashin laimar. Tsohon akwatin fata ne mai ruwan ƙasa wanda ya zo da shi ƙasar nan. Na ɗaga, na ji nauyi.

Kawu ya zauna bakin gado ya cire hula. Ya ce, "Tun ranar da kika yi mishi hwaɗan nan ya haɗa balis ɗin ga. Ni na sauko mishi da ita daga saman almuwar ɗin tufafi. In sanyi ya wuce shi hidda kayan sanyi shi sa na zahi, in zahi ya wuce shi maida. Kullum a shirye take."

Na ce, "Kawu, kana gani ka yi shiru? Me ya hana ka gaya mini?"

"Alkawali ya sa na yi mishi. Na ce, Malam, bari in kira ɗiyar nan in ce ta sake tambaya, magana ta ƙare. Ya ce in an roƙi tayi ba tayi ba ne. Na ce to kai ka hwaɗi mata. Ya ce ya gwada. Ya ce duk Lahadi shina gwadawa, abin ba ya hitowa." Kawu ya share ido da bakin hula. "Ku biyu kun gajiyar da ni, wallahi. Ban taɓa ganin mutane masu son juna da wahalar da juna kamarku ba."

A jikin marikin akwatin akwai 'yar takarda ɗaure da zare, irin ta matafiyan da. Rubutunsa ne, mai kwanciya gefe, da alƙalamin tawada. Ya rubuta adireshin gidana na Lyon. A samansa ya rubuta sunana, cikakke, sunan da bai taɓa furtawa ba. Na zauna a ƙasa na rungume akwatin na yi kukan da shi da malaminsa ba za su yarda da shi ba. Da-na-sani ƙeya ce, na ji ta a ranar har cikin ƙashina.

Da azahar aka ba mu izinin ganinsa a ɗakin ajiye gawa, bayan an yi masa wanka an sa shi a likkafani. Karon farko ke nan da na gan shi ba nektai. Na roƙi Kawu da maigidana su ɗan ba ni wuri. Na tsaya a kansa na yi masa addu'a. Sannan na sunkuya na ce, "Baba, ka zo Lyon ka zauna da mu."

Na jira, yadda ya koya mini a jira baƙo ya amsa. Bai ce ba ya son takura mana ba. Bai ce yana nan lafiya ba.

Na fito na gaya wa Kawu abin da na yanke. Dangin Katsina sun yi fushi, wasu har yau ba sa ɗaukar wayata, kuma ban ga laifinsu ba. Mutanen Paris suka yi masa salla, sannan direban tasin nan da likitan da wasu da yawa suka bi motar gawa a motocinsu har Lyon. Hajiyar Clichy ta ce, "Shi da ya raka kowa, yau ba za shi tahi shi ɗaya ba." An rufe shi a ɓangaren Musulmi na wata maƙabarta, tafiyar bas ɗaya daga gidana. Akwatin fatar nan kuwa a cinyata ya yi tafiyar. Na jera littattafansa a kan katakon, na rataye laimar a bayan ƙofa, na bar takardar a jikin mariki.

Wanda ya san shi, ya yi masa addu'a. Wanda bai san shi ba, in yana da tsoho mai cewa "ina nan lafiya", ya duba ƙasan takalminsa.

Allah ya jiƙan Babana, ya yafe masa shirunsa, ya yafe mini nawa. Allah ya haskaka kabarinsa, ya yalwata masa shi fiye da ɗakin nan na hawa na shida. In ya isa ƙofar Aljanna, ya Ubangiji, ka sa a yi masa tayi sau uku. Na san halinsa: in sau ɗaya aka ce ya shiga, gefe zai tsaya yana ba mutane hanya.